Sharhi: Gargaɗin da muke dannawa mu wuce, da hatimin da ke tsaron kuɗin bida

Kaka ta ƙare a Adar, hatsi ya shiga rumbu, kuma kamar kowace shekara motocin da ke tashi daga Tahoua sun fara cika da samari masu tafiya bida: wasu Abijan, wasu Libiya da Aljeriya, wasu Najeriya, Kamaru ko Gabon. Daga yanzu har faɗuwar ruwa, gidaje da dama a Kalfou, Barmou, Afala, Bambeye, Tamaske da Keita sun dogara ne ga waya. Ta nan ake jin lafiyar wanda ya tafi, ta nan ake samun labarin kuɗin da ya aiko, ta nan ɗalibi ke cika takardunsa na jami'a.

Shi ya sa muka ga ya dace mu tsaya kan wata tambaya da masu saurare ke yawan yi mana. Mutum ya buɗe shafi a waya ko a kwamfuta, sai wani rubutu ya tare shi da Faransanci: « Votre connexion n'est pas privée ». Ya nuna wa yaron da ke gyaran waya a bakin kasuwa, yaro ya ce: "Baba, ba komai ba ne, danna nan ƙasa ka wuce." Wani kuma ce masa ake yi: "Kawo in sa maka wani ɗan abu, ba za ta sake nuna maka wannan ba." Duka shawarwarin biyu suna iya jawo asara, ta biyun kuma ta fi haɗari.

Mece ce takardar shaidar tsaro?

Duk wanda ya taɓa sayen dabba a kasuwar Lahadi ta Tahoua ya san aikin dillali. Ba ka san mai raƙumin ba, ba ka san daga wane daji ya fito ba, amma ka san dillalin, sarkin kasuwa ma ya san shi. In ya ce dabbar ba ta sata ba ce, ka biya. Amanarka ga dillalin take, tasa kuma ga waɗanda suka yarda ya zauna a kasuwar.

Haka intanet ke aiki. Duk shafin da adireshinsa ya fara da https yana miƙa wa na'urarka wata takardar shaida, wadda da Faransanci ake kira « certificat ». A cikinta akwai sunan shafin, sunan kamfanin da ya buga mata hatimi, ranar da ta fara aiki da ranar da za ta mutu. Na'urarka ba ta san shafin ba, sai ta duba wanda ya buga hatimin. Shi ma akwai wanda ya tsaya masa a sama, har a kai ga babbar takarda ta ƙarshe, wadda za mu kira uwar shaida. Jerin waɗannan iyayen shaida yana ajiye cikin kwamfutarka da wayarka tun ranar da aka ƙera su. Kamfanoni irin su Microsoft, Apple, Google da Mozilla ne ke zaɓar waɗanda za su shiga jerin. In takardar shafi ta haɗu da ɗaya daga cikinsu, sai a ɗaure hanyar tsakaninka da shafin, ta yadda mai wifi ko kamfanin waya ba zai iya karanta lambar sirrin da ka rubuta ba. In ba ta haɗu ba, gargaɗin ya fito.

To ka ga ke nan, duk wanda ya samu damar ƙara sunansa cikin wannan jeri, ya zama dillalin da na'urarka ba ta yi wa musu. Zai iya ƙirƙiro takardar jabu ta kowane shafi, ya buga mata hatiminsa, na'urar ta karɓa ba tare da ta ce uffan ba. Wancan "ɗan abu" da ake cewa za a sa maka, sau da yawa irin wannan takarda ce.

Dalilan da ke sa gargaɗin ya fito

A yankinmu, abin da ya kamata a fara dubawa shi ne kwanan wata. Cikin kowace kwamfuta akwai wani ƙaramin batir zagayayye, bai wuce faɗin ƙwandalar dala goma ba, shi ke riƙe agogo in an kashe na'ura. Kwamfutocin gwanjo da muke saye yawanci batirin nan ya gaji. Wuta ta ɗauke, agogo ya koma shekarun baya, sai kwamfuta ta ga takardar shafin kamar ba ta ma fara aiki ba. Waya ma in aka cire mata batir ko ta daɗe a mace tana iya rikita kwanan wata. A ƙasan gargaɗin, in ka ga kalmar DATE cikin rubutun da ke da manyan baƙaƙe, duba agogonka tukuna. Gyaran kwanan wata da sauya ɗan batir sun isa.

Dalili na biyu, wifin tikiti. Kafin ka shigar da lambar tikitinka, na'urar mai wifi tana tare ka ta kai ka shafinta, ita kuwa wayarka tana jiran takardar wani shafi dabam, sai ta yi ƙorafi. Da ka shigar da tikiti abin ya wuce.

Na uku, tsufan na'ura: jerin da ke cikinta ya tsufa, bai san sababbin iyayen shaida ba. Na huɗu, masu shafin ne suka bar takardarsu ta mutu ba su sabunta ba. Na biyar shi ne wanda aka yi gargaɗin dominsa tun asali: wani ya shiga tsakaninka da shafin yana so ya ji abin da kuke faɗa. Matsalar ita ce rubutun farko da ke fitowa sau da yawa iri ɗaya ne a duk biyar ɗin. Wanda ya saba dannawa ya wuce a huɗun farko, haka zai danna a na biyar.

Me ya sa maganar ta taso yanzu?

Abubuwa da dama sun haɗu a ɗan lokaci. A watan Maris na 2025 intanet na Starlink ya fara aiki a hukumance a Nijar, kuma kowa ya ga yadda wuraren sayar da tikitin wifi suka yawaita, har a garuruwan da rezon waya ke wahala. Wannan ci gaba ne, tsohuwa a ƙauye tana ganin fuskar ɗanta da ke Abijan. Sai dai yanzu mutane da yawa suna shiga intanet ta na'urar wani mutum da ba su san yadda ya tsara ta ba. Yawancin masu wannan sana'a neman halak suke. Abin da ya kamata kowa ya riƙe shi ne: wifin tikiti lamba kawai yake buƙata. Ba shi da hujjar cewa sai ka sauke wata takardar shaida a wayarka.

Sai maganar Windows 10. Ranar 14 ga Oktoba 2025 kamfanin Microsoft ya daina ba shi gyare-gyaren tsaro na yau da kullum, sai ga waɗanda suka shiga wani tsari na ƙarin lokaci. Kwamfutar ba ta mutu ba, tana aiki yadda take, amma duk ramin da aka gano daga baya ba lalle a toshe shi ba. Tsofaffin kwamfutoci da yawa kuma ba su cika sharuɗɗan hawa Windows 11 ba. Shi kuwa Windows 7, wanda har yanzu ake gani a wasu wuraren buga takardu, tun 14 ga Janairun 2020 aka sallame shi.

Masu tsofaffin wayoyi sun riga sun ɗanɗana. Wata ƙungiya mai suna Let's Encrypt, wadda ke ba miliyoyin shafuka takardar shaida kyauta, ta daɗe tana jingine da wata tsohuwar uwar shaida da ta mutu ranar 30 ga Satumba 2021. An yi dabarar da ta ƙara wa wayoyin Android shekara uku, ita ma ta ƙare ranar 30 ga Satumba 2024. Tun daga nan, wayar da Android ɗinta bai kai 7.1.1 ba, wato wanda ya fito a ƙarshen 2016, tana iya ƙin buɗe shafuka masu lafiya ƙalau. Mafitar da ƙungiyar da kanta ta nuna a lokacin ita ce a sa manhajar Firefox, domin ita da jerinta take tafe.

Akwai kuma abin da ke tafe. A watan Afrilu na 2025, taron da ya haɗa kamfanonin da ke buga hatimi da masu manhajojin shiga intanet ya amince da rage tsawon ran takardar shaida. A 2025 iyakarta kwana 398 ne. An tsara daga 15 ga Maris 2026 ya koma kwana 200, daga 15 ga Maris 2027 kwana 100, daga 15 ga Maris 2029 kuma kwana 47. Hikimar ita ce in an saci takarda, kada ɓarawo ya daɗe yana cin moriyarta. Manyan shafuka ba ruwansu, na'ura ce ke sabunta musu da kanta. Inda muke jin tsoro shi ne ƙananan shafuka irin na makarantu, ƙungiyoyi da ma'aikatu, waɗanda mutum ɗaya ke sabuntawa da hannu in ya tuna. Wanda ke mantawa sau ɗaya a shekara, ya za ta kaya in aka ce sau bakwai ko takwas? In shafukan da jama'a ba su da makawa sai sun shiga suka riƙa nuna gargaɗi, to su ne za su koya wa mutane raina gargaɗin.

Abin da ya faru a wasu ƙasashe

Hausawa na cewa in ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. A 2011 ɓarayin intanet suka kutsa wani kamfanin hatimi na ƙasar Holan mai suna DigiNotar, suka buga takardun jabu sama da 500, har da ta Google. An yi amfani da ita wajen leƙen saƙonnin masu Gmail a Iran, kuma binciken da aka yi ya nuna abin ya taɓa na'urori wajen 300,000. Aka cire kamfanin daga jerin amintattu, kafin ƙarshen Satumbar shekarar ya rushe.

A watan Fabrairu na 2015 aka gano cewa wasu kwamfutocin Lenovo sun fito daga kamfani da wata manhajar talla mai suna Superfish, wadda ta dasa tata uwar shaida don ta riƙa cusa talla cikin shafukan da mutane ke buɗewa. Mabuɗin sirrinta iri ɗaya ne a duk kwamfutocin, kuma ba a jima ba masana suka fasa shi. Duk wanda ya samu mabuɗin nan yana iya yaudarar kowace ɗaya daga cikinsu. Sababbin kwamfutoci ne fa, daga cikin kwali.

A watan Yulin 2019 kuma, kamfanonin sadarwa na Kazakistan suka umarci jama'a su sauke wata takardar shaida ta gwamnati, aka ce don tsaronsu ne. Wanda ya sauke ta, ana iya karanta abin da yake yi a Facebook, Google da sauransu. A watan Agusta Google, Mozilla da Apple suka toshe takardar a manhajojinsu. Aka sake gwadawa a Disambar 2020, aka sake toshewa.

Darasin da muka ɗauka daga ukun nan: ɓarawo, ɗan kasuwa da hukuma, kowanensu ya nemi ƙofa ɗaya, wato jerin nan da ke cikin na'urar mutum. A biyu daga cikin ukun, takardar tana zaune a wurin da mai na'urar zai iya gani da idonsa, da ya san inda zai duba.

Yadda ake dubawa

A kwamfuta mai Windows, danna maɓallin mai alamar taga tare da harafin R. Wani ɗan akwati zai buɗe, rubuta certmgr.msc ka danna OK. A hagu za ka ga jerin jakunkuna. Wadda ta fi muhimmanci ita ce « Autorités de certification racines de confiance ». Buɗe ta, ka shiga « Certificats ». Kowane layi yana nuna wanda aka ba, « Délivré à », wanda ya bayar, « Délivré par », da ranar mutuwa. Za ka ga sunaye kamar DigiCert, GlobalSign, Microsoft, USERTrust da ISRG Root X1. Waɗannan na gida ne. In ka danna layi sau biyu, takardar za ta buɗe ka ga bayaninta.

Nan sai an yi hattara. Kada ka shiga gogewa don ka ga suna baƙo, kusan duk sunayen baƙi ne a gare mu. Za ka tarar da wasu da ranarsu ta wuce tun tuni. Windows na ajiye su da gangan don tantance tsofaffin manhajoji, goge su na iya hana kwamfutar aiki daidai. Manhajojin kashe ƙwayar cuta irin su Kaspersky, Avast da ESET su ma sukan sa tasu takardar, wannan sananne ne. Abin da ya kamata ya tsayar da kai shi ne sunan wani mutum, sunan kamfanin da ba shi da alaƙa da abin da ka sa, ko sunan wata ma'aikata ta Turai a kwamfutar gwanjo. Wannan na ƙarshe yana nuna ba a wanke na'urar ba tun da ta baro wurin masu ita na farko. In ka ga irin haka, ɗauki hotonsa ka nuna wa wanda ya san aikin kuma ka yarda da shi. Maganin da ya fi kwanciyar hankali ga kwamfutar gwanjo shi ne a share ta gaba ɗaya a sa mata Windows na asali. Wanda aka fasa, ba ka san abin da mai fasawar ya bari a ciki ba.

A wayar Android abin ya fi sauƙi. Shiga « Paramètres », ka nemi « Sécurité », sannan wurin da ke maganar « Chiffrement et identifiants » ko « Certificats ». Sunan yakan bambanta tsakanin Tecno, Itel, Infinix da Samsung, don haka in akwai wurin bincike a sama, rubuta « certificat » kawai. Za ka ga ɓangare biyu: « Système » da « Utilisateur ». Na farko na kamfani ne, ka bar shi. Na biyu shi ne abin da aka ƙara da hannu, kuma a wayar yawancinmu ya kamata a same shi fayau. In akwai wani abu ciki, kai kuma ba ka san da shi ba, ba wurin aikinka ne ya sa ba, cire shi, sannan ka sauya lambobin sirrinka. Wayar da kanta takan nuna saƙon cewa ana iya sa ido kan rezonka in an ƙara mata irin wannan takarda.

Don kada mu tayar da hankali fiye da kima: saƙonnin WhatsApp suna da nasu kulli tun 2016, takardar jabu ba ta buɗe su. Tun daga Android 7 kuma, yawancin manhajoji ba su yarda da takardar da aka ƙara da hannu. Inda haɗarin ya fi yawa shi ne abin da ake yi ta Chrome da ire-irensa, musamman a kwamfutar siber: buɗe imel, shiga Facebook, shafin banki, cika takardun makaranta, na biza ko na aikin hajji.

Kwaɗo ba shaidar gaskiya ba ne

Mun daɗe muna gaya wa mutane su duba alamar kwaɗo kusa da adireshi. Maganar tana nan, amma rabi ce. Kwaɗon yana nufin hanyar da ke tsakaninka da shafin a ɗaure take. Bai ce mai shafin mutumin kirki ne ba. Tun da takardar shaida ta zama kyauta, ɗan damfara ma yana samun tasa cikin ƴan mintoci. Google ya yi bincike a 2021 ya ga kashi 11 cikin 100 kawai na waɗanda aka tambaya suka fahimci ainihin ma'anar kwaɗon, kuma a Satumbar 2023 ya cire alamar daga Chrome ya sa wata.

Saboda haka saƙonnin nan da ke yawo a zaurukan WhatsApp na gari, masu cewa ana rabon tallafi ko kyautar intanet, "danna nan ka sa lambarka", suna iya buɗewa sumul ba wani gargaɗi. Sunan shafin za ka karanta harafi bayan harafi. Kuma ko Nita kake aiki da shi, ko Amana, Al Izza, Airtel Money ko wani, lambar sirrinka da lambar karɓar kuɗi ba abin rubutawa ba ne a shafin da aka turo maka. In kana shakka, taka ka je gishe ka tambaya.

Nauyin da ke kan kowa

Nijar tana da dokar yaƙi da laifukan intanet tun 3 ga Yulin 2019, tana da hukumar ARCEP mai kula da sadarwa, da HAPDP mai kare bayanan mutane. Doka tana hukunta wanda aka kama, amma kuɗin da aka cire da daddare ba lalle su dawo ba. Muna ganin abu biyu za su taimaka. Na farko, duk ma'aikata ko makarantar da ke tura jama'a shafinta ta tabbatar takardarta na sabunta kanta, kada jami'inta ya riƙa cewa mutane su danna su wuce. Na biyu, a yi wannan faɗakarwa da Hausa da Tamashek da Fulatanci, domin gargaɗin da Faransanci yake fitowa, mutanen da ya fi shafa kuma ba shi suke karantawa ba. A nan ɗaliban Jami'ar Djibo Hamani da ke komawa garuruwansu lokacin hutu suna da rawar takawa.

Masu siber da masu gyaran waya, ku ma amana ce a hannunku. Dattijon da ya miƙo muku wayarsa bai san abin da kuka taɓa ba. Ku gyara masa kwanan wata, ku gaya masa gaskiya in wayar ta tsufa, kada ku kashe masa gargaɗi don ya daina damunku.

Ku kuma ƴan'uwa da ke waje, ku ne ke aiko da yawancin wayoyi da kwamfutocin nan. Kafin ka ba direba saƙo, duba lambar Android ɗin, ka share na'urar ta koma kamar sabuwa, musamman in ta taɓa zama ta wani kamfani. Ka kira gida ka gaya wa Inna da Baba da bakinka: in waya ta nuna gargaɗi a shafin da ake neman lambar sirri ko kuɗi, a rufe, a kira ka. In wani ya ce sai an sa wata takarda kafin a samu wifi, a ce masa an gode, a nemi wani wurin.

Wanda ya duba wayarsa ya ga abin da bai gane ba, yana iya kiranmu a shirin tambayoyin masu saurare, ko ya aiko da hoton allon, ban da lambar sirri. Allah ya tsare matafiya, ya maido su gida lafiya.